Garin Hatimi da Garin Kasuwa

In ka tsaya a bakin kwalta a Mai Wurno, garinmu a nan Sudan, hanya biyu ce gabanka. Ka yi arewa, kafin ku gama gaisawa da na kusa da kai a mota kun shiga Sinnar. Ka yi kudu, sai ka gyara zama, don Sinja da ɗan nisa. Tun muna yara mun san abin da ke kai mutum kowanne. Mai neman buhun dawa, ko tayar raksha, ko kayan ɗakin amarya, arewa yake yi. Wanda kuwa ka gani da sassafe ya sha farar jallabiya, ya naɗa rawani, ya rungume leda cike da takardu a ƙirji, ba sai ka tambaye shi ba, Sinja za shi.

Wilayarmu, wato abin da 'yan'uwanmu na Najeriya ke kira jiha, sunan Sinnar take amsawa, amma wali, wato gwamna, a Sinja yake zaune, can ma'aikatu suke, can kuma hedikwatar rundunar soja ta 17 take. Baƙo yakan yi mamaki, kuma yana da hujja. Sinnar ce fadar daular Funj tun daga 1504 har Turkawa suka shigo a 1821. A nan aka gama madatsar ruwa a 1925, wadda ta shayar da gonakin Jazira shekara ɗari. A nan layin dogo ya rabu, ga kamfanin sukari a yamma da gari, ga kasuwar da manyan motoci ke kwana a bakinta. Duk da haka hatimi ba ya nan.

Na daɗe ina jin haushin wannan. Na sha faɗa a majalisa cewa a ɗauko kujerar wali a dawo da ita Sinnar kowa ya huta. Yanzu na bar wannan magana, kuma ina so in faɗi abin da ya sa na bar ta, da abin da na ɗauka a madadinta.

Shekara biyu kafin yaƙin da ya ɓarke a 2023 na raka Gwaggona, ƙanwar mahaifina, neman haƙƙin mijinta da ya rasu bayan ya yi wa gwamnati aiki fiye da shekara talatin. Ana idar da asuba muka fito. Ba ta karya ba, ta ce mota tana juya mata ciki. Muka isa Sinja hantsi bai ɗaga ba, muka tarar da layi a ƙofar wani ofishi. A gindin darbejiyar da ke bakin ƙofar akwai wani dattijo ardahalji, mai rubuta wa mutane takardar koke, da ɗan teburinsa da biro uku a aljihu. Ya rubuta mana, muka sayi damga, wato kan sarki na haraji, muka manna. Da layi ya zo kanmu aka ce mai sa hannu ya shiga taro. Ya fito daga taro aka ce lokacin faɗur ne, wato karin kumallo, kowa ya tafi kan kwanon ful. Aka dawo daga faɗur, sai shabaka, wato intanet, ta yanke, kwamfutoci suka yi tsit. Gwaggo tana zaune a kan ɗan bencin mai shayi, ta miƙe ƙafafunta da suka kumbura, tana jan carbi. Wajen azahar ta kira ni.

"Ɗan nan, zo. Shin mutumin nan ya san daga inda muka fito?"

Na ce, "Gwaggo, ki ƙara haƙuri, sun ce yanzu za ta dawo."

Ta ce, "Haƙuri ai shi na zo da shi. Kuɗin motar gobe nake tambaya."

Sau huɗu muka je. Ranar da takardar ta fito na zauna na yi lissafin kuɗin mota da damga da hoto da abin da muka sa a baki, na ga ya haura abin da za a ba ta a watan farko. Ba wanda ya zage mu, ba wanda ya nemi mu ba shi wani abu a ƙarƙashin tebur. Kowa aikinsa yake yi yadda ya tarar ana yi. Tsarin ne kawai aka gina shi a kan cewa tsohuwa mai ciwon ƙafa ce za ta bi hatimi, hatimi ba zai taɓa bin ta ba.

A zirga-zirgar nan ne na lura da yadda numfashin garin mulki ya bambanta da na garin kasuwa. Sinja ma tana da kasuwarta, tana da lambunan ayaba da mangwaro a bakin kogi, ba na rage mata komai. Amma unguwar ofisoshi agogonta daban ne. Daga Lahadi zuwa Alhamis take raye, daga safe zuwa la'asar. Ciniki yana motsi in an biya albashi, yana kwantawa a tsakiyar wata. Masu shayi da masu hoto da masu kwafin takardu da masu ɗakunan kwana, duk a kan baƙin da takarda ta koro suke ci. Ranar Alhamis da rana sai ka ga ma'aikata da 'yan jakunkunansu sun nufi tasha, don da yawansu iyalansu suna wasu garuruwan. Sinnar kuwa ba ta san Alhamis ba. Agogonta damina da kaka ne. In riɗi ya yi kyau ka gani a fuskar mai gyaran mota da mai sayar da atamfa, in ruwa ya yi gardama kowa ya ji a jikinsa. Arzikin garin kasuwa daga ƙasa yake tsirowa, na garin mulki daga sama ake sauko da shi, kuma wanda ya sauko da shi yana iya ɗauke abinsa da takarda guda.

Ba mu kaɗai ke da wannan ba. A Farin Nilu, Kosti ce ke da tashar jiragen ruwa da suna da jama'a, amma Rabak da ke tsallaken gada ce hedikwata, ga kuma Duwem can arewa, wadda ta riƙe kujerar a da, ta kuma ba ƙasar nan malamai daga Bakht ar-Ruda tun 1934. A wilayar Kogin Nilu, wali yana Damar, garin malamai, alhali Atbara ce cibiyar jirgin ƙasa, garin ƙarfe da wuta kamar yadda ake mata kirari. A Shuɗin Nilu, Rusairis ce tsohuwa, Damazin kuwa aikin madatsar ruwan da aka gama a 1966 ne ya raya ta, yau ita ce uwa. Ko a Hartum ɗin, Umdurman ta fi yawan mutane. Ƙanena da ke Jidda yana cewa can ma haka ne: Jidda ta fi Makka girma da hada-hada, amma yankin sunan Makka yake ɗauka kuma nan ce hedikwatarsa, sannan a Asir Abha ke mulki duk da Khamis Mushait ta fi ta jama'a. Na Najeriya kuma sun san Dutse da Haɗeja, sun san Damaturu da Potiskum, tun da aka ƙirƙiri Jigawa da Yobe a 1991.

Inda abin ya fi fitowa fili shi ne Amurka, don su da gangan suka yi. A jihohinsu hamsin, waɗanda babban birninsu shi ne gari mafi girma ba su kai rabi ba. Gwamnan New York a Albany yake zaune. Na Kalifoniya yana Sacramento, ba ya Los Angeles. Na Illinois yana Springfield, ya bar Chicago can. Montpelier, hedikwatar Vermont, mutanenta dubu takwas ne da 'yan kai, wata unguwa a Umdurman ta ninka ta. Mutanen Pennsylvania sun ɗauke gwamnatinsu daga Philadelphia, suka ƙare da ajiye ta a Harrisburg a 1812. Dalilai biyu ake yawan kawowa. Na farko, a zamanin doki da keken shanu ana son wurin da na gabas da na yamma za su iya kaiwa ba tare da ɗaya ya sha wahala fiye da ɗaya ba. Na biyu, manoman karkara ba su yarda kujerar mulki ta zauna a gindin attajiran babban gari ba, suna tsoron kada dukiya ta saye kunnen masu yin doka.

Wannan dalili na biyu shi ya fara sauya mini tunani. Na tambayi kaina: in aka kawo wali Sinnar, wa zai fi samun kunnensa? Manyan 'yan kasuwar hatsi da masu manyan gonaki, waɗanda dama ƙofa ba ta rufe musu. Mu na Mai Wurno za mu ji daɗi, hanya ta gajarce mana. To mutumin Dali da Mazmum fa, da na ƙauyukan kudu? Gwaggon wani ce za ta ɗauki kumburin ƙafar da tawa ta ajiye. Kuma Sinnar ta haɗa kasuwa da dogo da madatsa da hatimi, Sinja ta koma kufai. Ashe abin da nake kira gyara, son kai ne na ɗan unguwa.

Sai dai raba kasuwa da kujera ma yana da nasa ciwon, ba zan ɓoye ba. A 2014 wasu masana tattalin arziki biyu, Filipe Campante da Quoc-Anh Do, sun wallafa binciken da suka yi a kan jihohin Amurka. Sun gano cewa inda hedikwatar jiha ta yi nesa da cunkoson jama'a, cin hanci ya fi yawa, jaridu ba su cika bin diddigin gwamnatin jihar ba, mutane kuma ba su cika sanin abin da ake ƙullawa da sunansu ba. Wannan bai ba ni mamaki ba. Mai mulkin da ba ya bin hanyar da talaka ke bi, ba ya jin warin kwatar kasuwa, ba ya cin karo da layin burodi a kan hanyarsa ta zuwa ofis, da wuya ya san zafin da ake ji. Mu tuna, zanga-zangar Disambar 2018 da ta kai ga faɗuwar Umar al-Bashir ta yi ƙarfi ne a Atbara ranar 19 ga wata, bayan burodin fam ɗaya ya koma fam uku. A garin ma'aikata wutar ta kama sosai, a inda ake jin tsadar burodi a cikin ciki.

To in kawo kujerar kusa da kasuwa yana da illa, nesanta ta ma yana da illa, ina matsalar take? Ni a ganina ba a inda wali ke kwana take ba. Tana cikin yawan abin da aka ɗaure a ƙafar kujerarsa.

A 1994 aka yanka ƙasar nan wilaya 26, aka ce an kawo mulki kusa da jama'a. Aka soke Kordofan ta Yamma a 2005, Kudu ta tafi da goma a 2011, aka ƙara biyu a Darfur a 2012, aka dawo da Kordofan ta Yamma a 2013, muka tsaya a 18. Kowace aka ba ta wali da ministoci da motoci da gidan baƙi. Amma abin da aka yi a zahiri shi ne an haifi ƙananan Hartum goma sha takwas. Yadda Hartum ta tattare komai ta bar wilayoyi da jira, haka kowace hedikwatar wilaya ta tattare ɗan abin da ya iso mata ta bar mahalliyoyi, wato ƙananan hukumomi, da jira. Harajin kasuwa da na amfanin gona ana karɓarsa a inda gumi ya zuba, amma shawarar yadda za a kashe shi a wani wuri ake yanke ta. Ofishin mahalliya yana nan, da tuta da mai gadi, sai dai sau da yawa aikinsa ya karɓi takardarka ya ce ka wuce gaba.

Mu Hausawan Sudan wannan nisa ya fi ci mana tuwo a ƙwarya fiye da kowa, kuma dalilin tsoho ne. Kakanninmu sun kafa Mai Wurno ne 'yan shekaru bayan yaƙin Burmi na 1903, inda Sarkin Musulmi Attahiru ya yi shahada, ɗansa Muhammadu Bello Mai Wurno ya jawo sauran jama'a zuwa gabas. Dokar jinsiyya ta 1957 kuwa ta nemi mutum ya nuna cewa kakanninsa suna zaune a ƙasar tun ƙarshen 1897. An sassauta dokar daga baya, amma tambayar ba ta bar bakin wasu ma'aikata ba: ina aka haifi kakanka, kawo shaidu. A garinku wannan tambaya ba ta da nauyi, don ma'aikacin ya san gidanku, ya yi makaranta da yayanka, limamin da ya raɗa maka suna yana nan da rai. A hedikwata kuwa ba kowa ba ne kai sai suna a takarda da harshen da aka ji ka yi da Gwaggonka a kan layi. Sai ka ɗauko dattawa biyu, ka biya musu mota, ka ciyar da su, su zo su rantse cewa kai ɗan ƙasar da aka binne kakanka ne. Na ga wanda ya haƙura da raƙam waɗani, wato lambar shaidar ɗan ƙasa, saboda wannan, 'ya'yansa kuma suka tashi ba takarda, aka sake gadon matsalar. Mu ma da namu laifin, mun tura yara kasuwa da gona mun bar aikin ofis ga wasu, amma wannan zance ne na wata rana.

Sannan yaƙi ya zo ya nuna mana abin da tarawa ke haifarwa. Da aka fara harbi a Hartum ranar 15 ga Afrilun 2023, ba gari ɗaya ne ya tsaya ba, ƙasa ce ta tsaya. Fasfo ya gagara wata da watanni sai da aka buɗe wurin bugawa a Bur Sudan a ƙarshen Agusta. Ɗaliban da ya kamata su zauna jarrabawar shahada a 2023 sai a Disambar 2024 suka zauna. Masu cutar daji suka kwarara Madani, don bayan Hartum nan ce babbar cibiya, sai ita ma Madani ta faɗi a Disambar 2023. A ƙarshen Yunin 2024 Da'am Sari', dakarun RSF da ke yaƙi da sojoji, suka shiga Sinja. Sinnar ba ta faɗi ba, amma ta zama kamar jikin da aka raba da kai: duk wanda fayil ɗinsa ke can, na fili ne ko na fansho ko na makaranta, ya zama kamar ya jefa shi rijiya har sojoji suka karɓe garin a Nuwamba. Mu da ke tsakanin garuruwan biyu ba labari aka ba mu ba. Gwaggo ta fita da takardar nan tata a naɗe cikin leda, ɗaure a ƙugu ƙarƙashin zani, ta bar kwanukanta da katifarta.

Akwai abin da ya kamata mu riƙe daga wannan wahala. Da Madani ta faɗi, gwamnatin Jazira ta koma Manaƙil ta ci gaba da aiki. Gwamnatin wilayar Hartum ta zauna a Karari. Gwamnatin ƙasa gaba ɗaya ta tare a Bur Sudan. Ashe hatimi yana iya tafiya. Shekara da shekaru ana ce mana ba zai yiwu a yi wannan aiki ba sai a hedikwata, sai ga shi an yi shi a aron ɗaki, a kan teburin makaranta. Abin da aka iya yi don tilas, ana iya yin sa don tausayin jama'a.

Saboda haka ga abin da nake roƙo yanzu da ake maganar sake gini. A bar wali a Sinja, a bar na Farin Nilu a Rabak, a bar na Kogin Nilu a Damar. Su riƙe majalisa da tsara kasafi da abin da ya shafi wilaya dukanta. Amma duk takardar da talaka ke buƙata don ya rayu, shaidar haihuwa, raƙam waɗani, takardar fili, haƙƙin mamaci, a ba mahalliya ikon fara ta da gama ta, sa hannu na ƙarshe ya zama a nan. Rajistar filaye da ta makarantu a ajiye kwafinta a gari fiye da ɗaya, kada gobara ko bindiga ta sake shafe shaidar mutum a dare guda. Wani kaso sananne na harajin kasuwa ya zauna a garin da aka karɓe shi, a rubuta shi a bango kowa ya gani, don mai ɗaki shi ya san inda yake masa yoyo. Kuma ba dole ne kowane babban asibiti da kowace ma'aikata su jeru a titi ɗaya ba. Jamus ta ajiye kotun tsarin mulkinta a Karlsruhe, nesa da Berlin, ba ta rushe ba.

Za a ce babu kuɗi, babu ma'aikata, babu wuta. Na san halin da ake ciki, ba a wata ƙasa nake ba. Amma a cikin yaƙin nan mun ga mai sayar da albasa yana karɓar kuɗi ta Bankak, manhajar banki ta waya, mun ga ƙauye ya haɗa kuɗi ya sayi faranti mai zuƙar rana don rijiya da cajin waya. Kuɗin da za a kashe wajen sake ƙawata gidan baƙin gwamnati guda zai sa kwamfuta da wutar rana a ofisoshin mahalliya da dama. Kuma in ana lissafin tsada, a sa har da kuɗin motar Gwaggo sau huɗu, da yinin aikina huɗu, a ninka da yawan mutanen da ke tsaye a bakin kwalta kowace safiya da leda a ƙirji. Wannan ma kuɗin ƙasa ne, daga aljihun marasa shi yake fita shi ya sa ba ya shiga littafi.

Abin da nake tsoro shi ne mu gyara komai ya koma yadda yake, mu ce mun farfaɗo. Alamun haka sun fara. Makon jiya maƙwabcina ya yi mini sallama bayan isha'i, matarsa ta haifi tagwaye tun suna gudun hijira, har yau ba su da takardar haihuwa. Ya je inda ya fi kusa an ce ya wuce gaba. Ya zo tambayata ko wace mota ce ke fara tashi, da abin da ya kamata ya riƙe. Na lissafa masa: hoto, da takardar unguwa, da shaidu biyu, da kuɗin kwana ko da shabaka za ta yanke. Ya ƙirga abin da ke aljihunsa a gabana, ya ce bari ya fara sayar da akuyar tukuna.